Noman Kabejin Sin a Ƙasarmu Mai Zafi: Bayani ga Manoman Rani da Malaman Gona

Manoman rani na tambayar ko kabejin Sin zai yi a fadamunmu, ganin ana sayar da shi da tsada a manyan kantunan birane. Amsar ita ce zai yi, amma ba a kowane wata ba, kuma ba da kowane iri ba. Don haka muka ga ya dace mu yi bayani tun kafin wani ya zuba kuɗinsa.

Wannan kabeji ya bambanta da wanda muka saba da shi. Kansa dogo ne, ganyensa sakwai-sakwai kamar na latas, da faffaɗar jijiya fara a tsakiya. Asalinsa ƙasar Sin, kuma da shi ne mutanen Koriya ke yin abincinsu da ake kira kimci. Shukar sanyi ce. Yana naɗe kai yadda ake so ne idan zafi yana tsakanin digiri 15 zuwa 20 a ma'aunin Salshiyos. Da zarar matsakaicin zafi ya haura digiri 25, sai ya yi ta baza ganye ya ƙi naɗewa, ko ya naɗe sakwa-sakwa babu nauyi.

A nan ne lissafin yake. Sanyin da muke da shi na hunturu ne, wato Disamba da Janairu, lokacin da dare kan sauko ƙasa da digiri 15 a yankin Kano da kewaye. Daga Maris kuwa bazara ta kama, rana kan kusanci digiri 40. Yawancin ire-irensa na isa yanka cikin kwana 60 zuwa 80 daga shuka. Ke nan wanda ya zuba iri daga tsakiyar Oktoba zuwa tsakiyar Nuwamba, kabejinsa zai naɗe a cikin sanyi. Wanda ya jira har Janairu, saboda bai gama da kaka ba ko bai sami injin ban ruwa da wuri ba, zafi zai riske shi daidai lokacin naɗewa. A ganinmu gara ya shuka wani abin.

Dangane da iri, akwai masu jure zafi, waɗanda cibiyar binciken kayan lambu ta duniya da ke Taiwan, wadda aka kafa a 1971, ta yi fice wajen samar da su. Suna nuna da wuri, sai dai kansu ƙarami ne. Suna kuma da wani hali da ya kamata a sani: idan sanyi mai yawa ya daɗe a kansu tun suna ƙanana, sai su fitar da kara su yi fure maimakon su naɗe. Saboda haka manomin da ke kan tudu mai sanyi irin na Jos ko Mambila ya nemi irin da ba ya saurin fure, mu na ƙasa kuma mu nemi mai jure zafi, mu shuka da wuri. A karanta abin da aka rubuta a jikin fakiti, kada a sayi irin da aka ƙulle a leda babu suna. Akwai kuma ɗan'uwansa da ba ya naɗewa, ana ce masa pak-coi, ya fi jure zafi, ana cire shi cikin kwana 30 zuwa 45. Shi ya fi dacewa da mai son gwaji.

Saiwar kabejin Sin ba ta nisa cikin ƙasa, kuma ba ta son a taɓa ta. Idan za a yi dashe, a yi shi bayan mako 3, da yamma, a ciro kowane tsiro da ƙasarsa. A bar tazarar santimita 40 tsakanin tsiro da tsiro. A zuba takin gargajiya wanda ya ruɓe sosai tun wajen gyaran fangali, a ƙara kamfa, sannan yuriya kaɗan bayan ya kama.

Ban ruwa ne ya fi ba da wahala. Ƙasa ta kasance da danshi kullum, amma kada ruwa ya kwanta. Idan aka bar shi ya ji ƙishi sannan aka malala masa ruwa, gefen ganyen ciki kan ƙone ya yi baƙi, domin sinadarin kalsiyam bai kai gare shi ba. Mai saye ba zai gani ba sai ya tsaga, daga nan kuma ba zai sake dawowa ba. Yawan yuriya na ƙara wannan matsala. Idan kuma ruwa ya kwanta a gindi cikin zafi, sai ruɓa mai wari ta kama shi, wadda ba ta da magani illa a tuge wanda ya kamu a fitar da shi daga lambu. Ɗaga kunya da shimfiɗa tattakar shinkafa a gindi suna taimakawa ƙwarai.

Ƙwarin da ke damun kabejinmu su ne ke damunsa: darɓa, da ƙaramar tsutsa koriya mai huda ganye, da wata mai cinye tsakiyar tsiro yana ƙarami, wadda idan ta ci shi ke nan, ba zai naɗe ba. Koriyar tsutsar ta shahara a duniya wajen sabawa da magani, don haka kada a nace wa magani ɗaya. Ruwan 'ya'yan darbejiya da aka daka aka jiƙa yana rage su idan an fara feshi da wuri. Tun da ganye ake ci, wajibi ne a kiyaye kwanakin da aka rubuta tsakanin feshi da yanka. Har ila yau, kada a maimaita shi a inda aka cire kabeji, a bari sai bayan shekara 3.

Muna jan hankalin malaman gona da shugabannin sassan aikin gona na ƙananan hukumomi kan batun kasuwa. Masu sayensa har yanzu otal-otal ne da gidajen abincin 'yan Sin da manyan kantuna a Kano da Abuja da Legas, kuma yana yaushi da sauri bayan yanka. Manomi ya fara da fangali biyu ko uku, ya san wanda zai karɓa tun kafin ya zuba iri, ya yanka da sassafe, ya bar ganyen waje biyu ko uku su kare kan a cikin mota.