Lissafin Ajiyar Hatsi: Daga Allon Aji Zuwa Sito

Ƙasar Ƙofa da kewayenta, wato Bebeji da Kiru da Tudun Wada da Doguwa, na daga cikin yankunan da Jihar Kano ke tinƙaho da su wajen noman masara da dawa da shinkafa, musamman tun bayan kammala madatsar ruwa ta Tiga a shekarar 1974. Da zarar kaka ta yi, hatsi kan cika kasuwanni, farashi ya faɗi. Idan bazara ta kama kuma sai ya tashi. Wannan ne ke sa manoma da 'yan kasuwa su kimshe amfanin gona a rumbu ko sito suna jiran lokaci. To amma ajiya ba kyauta ba ce. Tambayoyin lissafin da ake yi wa ɗalibai cikin sigar labari game da kaya da kuɗin ajiya, ainihinsu wannan matsala ce aka ɗauko daga kasuwa aka kawo aji.

Sau da yawa ba tarawa ko rabawa ke kayar da ɗalibi ba, a'a, mayar da zance ya koma lamba. Wani masanin lissafi mai suna George Polya ya shimfiɗa matakai huɗu a littafinsa na shekarar 1945: a fahimci tambaya, a tsara hanya, a bi hanyar, sa'an nan a waiwayo a auna amsa. A sha'anin ajiya, fahimtar tambaya ita ce rarrabe kuɗin da ake kashewa gida uku. Akwai wanda ake biya sau ɗaya, kamar kuɗin saye da na mota da na 'yan dako. Akwai wanda ke ƙaruwa da tsawon lokaci, kamar hayar sito. Na uku shi ne asara, wato abin da ƙwari da ɓeraye da danshi suka ci.

Alal misali, a ɗauka wani ɗan kasuwa a Ƙofa ya sayi masara buhu 50 da kaka, kowane buhu a kan N40,000. Ya biya N1,200 kuɗin mota da dako a kan kowane buhu, da N800 na magani da sabon buhu, da hayar sito N200 a kowane wata har wata 6. Da ya buɗe sito sai ya tarar kashi 4 cikin 100 na masarar ya lalace. Nawa zai sayar da buhu don ya mayar da uwar kuɗinsa?

Kuɗin saye: 50 × 40,000 = N2,000,000
Mota da dako: 50 × 1,200 = N60,000
Magani da buhu: 50 × 800 = N40,000
Haya: 50 × 200 × 6 = N60,000
Jimla: N2,160,000

Kashi 4 cikin 100 na buhu 50 shi ne buhu 2, saboda haka buhu 48 suka rage. Idan aka raba N2,160,000 gida 48 za a sami N45,000. Kuskuren da aka fi tafkawa a nan shi ne rabawa gida 50, wanda zai ba da N43,200. Duk wanda ya sayar a wannan farashi ya yi faɗuwar N86,400 yana zaton ya tashi babu ci babu asara. Haka kuma idan farashi ya kai N50,000, ribarsa N240,000 ce, ba N500,000 da zai ƙiyasta da ka ba.

Wani nau'in tambayar kuma shi ne inda kaya ke raguwa sannu a hankali. A ce mai sito ya ajiye buhu 60, yana fitar da 10 a ƙarshen kowane wata, hayar kuwa a kan abin da ke ciki ake biya. Ba za a ninka 60 sau 6 ba, domin buhunan ba su zauna gaba ɗaya ba. Sai a tara 60 da 50 da 40 da 30 da 20 da 10, a sami 210. Hanya mafi sauƙi ita ce a haɗa na farko da na ƙarshe, a raba biyu, a ninka da yawan watanni: 35 × 6 = 210. Hayar ta zama N42,000 maimakon N72,000.

Tambaya ta uku ta fi zurfi: nawa ya kamata a riƙa sarowa a kowace tafiya? A ɗauka mai shago yana sayar da shinkafa buhu 1,200 a shekara. Kowace tafiyar sari zuwa kasuwar Dawanau tana cin masa N10,000 ko kayan da yawa ko kaɗan, ajiyar buhu ɗaya kuma N2,400 ce a shekara. Tun da kaya kan ragu daga cikar sito zuwa ƙarewa, matsakaicin abin da ke ajiye rabin sarin ne. Idan yana saro 200, tafiya 6 za ta ci N60,000, ajiyar buhu 100 ta ci N240,000, jimla N300,000. Idan 50 yake sarowa, tafiya 24 za ta ci N240,000, ajiya N60,000, jimla dai N300,000. Amma idan ya saro 100, tafiya 12 N120,000, ajiya N120,000, jimla N240,000 kacal. Wato kashe kuɗi ya fi sauƙi a daidai inda kuɗin tafiya da na ajiya suka yi kunnen doki.

Wani injiniya Ba'amurke, Ford Harris, shi ya fitar da ƙa'idar wannan lissafi a shekarar 1913. A ninka buƙatar shekara da kuɗin tafiya, a ninka sau 2, a raba da kuɗin ajiyar buhu ɗaya, sa'an nan a nemo lambar da in an ninka ta da kanta za ta ba da sakamakon. A misalin da ya gabata sakamakon 10,000 ne, lambar kuwa 100.

Lissafi kuma yana taimakawa wajen zaɓen hanyar ajiya. Tun daga shekarar 2007 aka shiga yaɗa buhun PICS na Jami'ar Purdue ta Amurka a Afirka ta Yamma. Buhu ne mai ruɓi uku, leda biyu a ciki da buhun saƙa a waje, wanda ke hana iska shiga har ƙwarin da ke ciki su ƙarar da iskar shaƙa su mutu ba tare da magani ba. Ya fi buhun gama-gari tsada, amma a misalin farko buhu 2 da suka lalace sun lashe N80,000, wato N1,600 a kan kowane buhu cikin 50. Muddin ƙarin kuɗin buhun bai kai haka ba, kuma ya hana asarar, to sayensa riba ce.

Saboda haka yana da kyau malaman lissafi na wannan yanki su riƙa ɗauko farashin gaskiya daga kasuwar garinsu suna gina tambayoyi a kai, su kuma nace wa ɗalibi ya rubuta naira ko buhu ko wata a gefen kowace lamba kafin ya fara ninkawa.