Katakon Roba: Ya Fi Ƙarfin Gara, Amma Ya Zai Yi da Ranar Bawku?

Duk wanda ya taɓa gini a Salaga ko Yendi ya san aikin gara. A makarantar da nake koyarwa, katakon barandar wani aji bai cika shekara huɗu ba, ka danna shi da yatsa sai ya burme, ciki duk ƙasa. Katako kuma sai an yi masa doguwar tafiya daga kudu, kuɗin mota ya hau kansa. Madobiyar da ke dajinmu ma an sare ta har gwamnati ta sake hana fitar da ita a 2019. Shi ya sa idan ɗan'uwa ya turo hoton baranda daga Amurka, an shimfiɗe ta da katakon roba, sai hankali ya koma can.

Wannan roba ita ce PVC, wadda muka riga muka sani a bututun ruwa da silin. Kamfanin Interplast da ke Akara ya daɗe yana yin bututunta. Kashi 57 cikin ɗari na nauyinta sinadarin kulorin ne da ake cirowa daga gishiri, ragowar daga man fetur ko iskar gas. Wani Bajamushe, Eugen Baumann, ya gano ta a 1872, amma sai a 1926 Waldo Semon a Amurka ya samo hanyar tausasa ta har ta shiga kasuwa.

A masana'anta gari ce fari. Ana cakuɗa ta da garin alli, da launi, da maganin da ke kare ta daga zafi da hasken rana. Sai inji ya narkar da ita, ya turo ta cikin wata kafa mai siffar katako, kamar yadda injin taliya ke yi, a sanyaya da ruwa, a yanka. Mai kyau akan lulluɓe ta da wata fata mai tauri a sama.

Amfaninta a fili yake. Ba ta shan ruwa, ba ta ruɓewa, gara ba ta samun abin ci a jikinta, kuma ba ta neman fenti. Wurin alwala, bakin rijiya ko barandar da feshin damina ke kaiwa, nan ne gidanta. Wasu kamfanonin Amurka har garantin shekara 50 suke bayarwa kan launinta.

To, amma fa a yi hattara. Abokin gabarta zafi ne, mu kuwa zafi muke da shi. A Bawku, watan Maris da Afrilu, ma'auni kan haura 40. Roba tana miƙewa da rana, ta tsuke da sanyin asuba na hunturu. Katako mai tsawon mita 4 zai iya motsa wajen milimita 7 idan zafi ya sauya da maki 30. Kafintan da ya matse su gam kamar na itace, ba da jimawa ba za ka ga sun kumbura sun tashi. Mai duhun launi kuma yakan ɗauki zafin da yaro ba zai iya takawa ba takalmi ba. Garwashi ɗaya daga murhun gawayi ya isa ya bar tabo har abada, kuma hayaƙinta idan ta ƙone yana cutar da huhu, don haka kada a jefa guntayenta a wuta.

Akwai kuma na araha, wanda aka cika wa alli don a rage kuɗi. Shi ne ke tsagewa kamar biskit bayan bazara biyu. Kafin ka biya, nemi guntu ka lanƙwasa shi, ka ga ko zai dawo ko zai karye. Tambayi mai shago ko na waje ne ko na cikin ɗaki, domin allon silin ba ya ɗaukar nauyin mutum. Zaɓi launi mai haske, ka sa kafinta ya bar sarari a ƙarshen kowane katako, dirkokin ƙasa kuma kada tazararsu ta wuce santimita 40. Idan dirkokin nan na itace ne, a sa musu magani, don gara ba ta yi hijira ba.

Idan barandarka tana ƙarƙashin rumfa, katakon roba zai iya hutar da kai shekaru. Idan kuwa tsakar gida ce da rana ke duka tun hantsi, ka riƙe sidinka, daɓen siminti ya fi maka.