Ganyen Da Yara Ke Kawo Miki Daga Daji

 Gaisuwa ta musamman ga matan Boɗinga da Sifawa da Dingyaɗi, da na Shagari har zuwa Kajiji.

Uwargida, ke kina cikin gida, daji kuwa yara ke shigarsa. Su ke tsinko miki ganyen miya, su yanko wa awakinki ciyawa. To, yaro ba ya tantancewa, duk abin da ya gani kore a kwando yake zubawa. Don haka tantancewar taki ce, a tsakar gida, kafin abu ya shiga tukunya ko bakin dabba.

Mu fara da tafasa, tunda da ruwa ya sauka ita ke fara rufa mana asiri kafin sabon hatsi. Iyayenmu da suka ga farin 1973 da na 1984 sun san darajarta. Tana da wata 'yar'uwa mai kama da ita, wato rai-ɗore, wasu su ce sanga-sanga. Duka biyun furensu ruwan ɗorawa ne, kuma sau da yawa wuri ɗaya suke fitowa, a bakin hanya ko kan juji. Ga yadda za ki raba su. Ɗauki reshe guda ki ƙirga. Tafasa ganye shida take jerawa, uku nan uku can, kowane da faɗi da zagaye a baki. Rai-ɗore ya fi yawa, takwas ko goma, bakinsu da tsini. Ki murza ki shinshina, warinsa ya fi ƙarfi nesa ba kusa ba. Kwanson tafasa siriri ne dogo mai lanƙwasa kamar lauje, na rai-ɗore kuwa ya fi faɗi.

Na san wata za ta ce ai muna dafa ganyen rai-ɗore a yi wa mai zazzaɓi wanka. Haka ne. 'Ya'yansa ne abin tsoro. A ƙasar Indiya, a jihar Uttar Pradesh, an yi shekaru yara ƙanana na mutuwa bayan damina da amai da suma, ana zaton ciwon ƙwaƙwalwa ne. Sai a 2007 likitoci suka bayyana cewa 'ya'yan wannan tsiro ne yaran ke ɓarewa suna ci, suna lalata musu hanta. Idan ya fito a bayan ɗakinki, tumɓuke shi tun bai yi kwanso ba.

Sai zaƙami, wanda sunansa na biyu ya isa gargaɗi: haukata-yaro. Furensa fari ne dogo kamar kakaki, ɗansa dunƙulalle mai ƙayoyi. Yaron da ya ci, bakinsa zai bushe, jiki ya yi zafi, baƙin idonsa ya buɗe, ya yi ta sambatu yana kama abin da babu. Don Allah kada a tsaya ɗura masa manja ko nono ana jiran maigida ya dawo daga kasuwa. A aika masa, a kai yaro asibiti, a tafi da guntun abin da ya ci don ma'aikata su gani.

Yanzu ɗaurin ciyawa. Kwance shi ki baza kafin ki zuba wa dabbobi. Kyasuwa mai kai ja-ja da laushi, harkiya, guɗe-guɗe mai kai kamar sawun tsuntsu, burgu na fadama mai zaƙin kara, duk alheri ne. Amma in kin ga wata yaɗo mai ganye kamar ƙoda da fure shuɗi-ja kamar mazurari, duman rafi ne, ki cire. Da rani yana nan kore shar a gefen ruwa lokacin da komai ya bushe, shi ya sa yara ke kwaso shi. Akuyar da ta ci da yawa za ki ga tana makyarkyata, tana tangaɗi kamar mai maye. In an raba ta da shi da wuri galibi tana warwarewa.

Akwai kuma ciyayin da sana'a ce a hannunki. Gamba ta zana ce, kowa ya sani, kuma sai ta ƙosa bayan kaka take ƙarko. Jema ta fadama ana faifai da ita, saiwarta kuma da ƙamshi. Kajiji kuwa, mai suna ɗaya da garin da muka gaisar ɗazu, a wuri mai dausayi yake fitowa, kararsa a miƙe kamar ganyen albasa. 'Ya'yan da ke gindinsa ake haƙowa. Ki wanke, ki shanya a inuwa don kada rana ta shanye ƙamshin, ki daka sama-sama ki haɗa turaren wutarki. Abin da ya ragu ki ƙulla wa yarinya ta kai gidan biki, ba ya kwantai.