Ginin Lambar Cuta da Ginin Kalma

A ƙasar Amurka, tun daga ran 1 ga Oktoba, 2015, asibiti ba ya samun kuɗin aikinsa daga kamfanin inshora sai ya rubuta ciwon majiyyaci da lambobin littafin da a ke kira ICD-10-CM. Mai nazarin harshe in ya dube su zai ga an gina su kamar kalma, watau saiwa da ɗafe-ɗafenta.

Alal misali, mace mai ciwon daji a nono ta sha tamoxifen, maganin da ke tare aikin sinadarin mata a jiki, sai jini ya yi guda a jijiyar ƙafarta. Za a fara rubuta lambar gudan jinin, sa'an nan T38.6X5A. Saiwar ita ce T38, dangin magungunan sinadaran jiki. Lamba 6 ta ware masu tare aikinsu, X kuwa cike gurbi kawai ya ke yi. Lamba 5 ta nuna an sha maganin bisa ƙa'ida amma ya yi illa, A kuma ana cikin jiyya.

Nauyin maganar yana kan 5 ɗin nan. In magatakarda ya sa 1 a gurbinta, ya ce kuskure aka yi wajen sha ko bayarwa. In ya sa 2, ya ce matar ta yi nufin cutar da kanta. Harafi guda ke nan ya ɗauke laifi daga magani ya ɗora wa mutum.