Shan Inna: Sunan Cuta da Labarin da Ke Cikinsa

A cikin birnin Kano, in yaro ya kwana biyu da zazzaɓi, sa'an nan aka wayi gari ƙafarsa ta saki ba ta iya ɗaukarsa, akan ce Inna ta sha shi. Cutar kuwa sunanta shan inna. Likitoci suna kiranta foliyo, amma sunan Hausa ya fi nasu faɗin magana, domin a cikin kalmomi biyun nan an faɗi wadda ta yi ɓarnar, an kuma faɗi yadda ta yi ta.

Inna ba mutum ba ce. Ga masu bori, tana cikin manyan iskokin Jangare, watau birnin nan na aljannu wanda idon ɗan Adam ba ya gani. Fremont Besmer, wanda ya zauna da 'yan borin Kano ya fitar da littafinsa a 1983, ya nuna sun kasa birnin gida goma sha biyu, da sarki da fadawa da talakawa, tamkar an ɗauki tsarin sarautar Kano an kai wata duniya. Kowane iska a can yana da ciwon da yakan sa wa mutum. Kuturu shi ke ba da kuturta, Makaho makanta, Malam Alhaji tari, Ɗan Galadima kuwa yakan sa mutum watsar da dukiya. Rabon Inna shi ne shanyewar gaɓa. Tun kafin Besmer, Tremearne a 1914 da Greenberg a 1946 sun rubuta labarinta, shi Greenberg daga bakin Maguzawan ƙasar Kano.

Abin lura na fari, ba a kama sunanta. Inna kalmar girmamawa ce da akan kira uwa ko 'yar'uwar uwa da ita. Sauran sunayenta ma, Doguwa da Bafilatana, duk siffa ce ko asali, babu sunan yanka. Wannan ita ce al'adar Bahaushe ga abin da yake tsoro, kamar yadda yakan ce wa aljannu mutanen ɓoye, maciji kuwa da dare ya ce igiyar ƙasa. Ke nan wadda ta nakasa yaro ita ake kira uwa, don lallashi.

Na biyu ya shafi nahawu, a nan kuwa ya kamata a ɗan dakata. In an ce shan ruwa, ruwan ne aka sha. In an ce shan inna, Innar ce ta sha. Ginin ɗaya ne, harafin liƙi ɗaya ne, amma a na fari sunan da ya biyo baya shi aka yi wa aikin, a na biyu shi ya yi aikin. Shan inna yana layi ɗaya da harbin kunama da saran maciji da cizon sauro, sunayen da ke nuna akwai mai rai da ya kawo wa jiki farmaki. Bahaushe bai sa wannan cuta a ajin ciwon kai ko ciwon ciki ba, inda gaɓa kawai ake ambata. Ya sa ta a ajin rauni. Kalmar sha kuma ba a banza aka zaɓe ta ba. Wanda ya ga ƙafar da ta motse ta ƙanƙance, alhali 'yar'uwarta na girma, zai ce lalle an tsotse abin da ke cikinta. Daga wannan tushe aka sami shanye, a giredi na huɗu bisa tsarin Parsons na 1960, mai ma'anar sha ƙarƙaf. Shi ya sa akan ce ƙafa ta shanye ko da ba a tuna da wata Inna ba.

To, suna in ya faɗi sanadi, ya faɗi inda za a nemi magani. Ciwon iska ba na asibiti ba ne. Sai a nufi boka, ko masu sayar da saiwa da turare a Kasuwar Kurmi, ko a yi girka da garaya da buta don a shirya da mai abin. Malamai sun daɗe suna hani ga wannan, amma su ma da yawa ba su musa cewa aljani na iya taɓa yaro ba. Sun dai musanya girka da rubutu da tofi.

Abin da binciken likita ya tabbatar dabam ne. Ƙwayar cuta ce da ke fita ta bayan gida, ta shiga ruwa ko abinci, ta bi ta bakin yaro, wani lokaci ta kai ga jijiyoyin laka ta lalata su. Cikin yara kamar 200 da suka kamu, ɗaya ne ke shanyewa har abada, sauran ba a ma sanin sun kamu, suna kuwa yaɗa ta. Wannan shi ya ƙarfafa zancen iska: in cuta ce mai yaɗuwa, don me ta tsallake yaran gida duka ta ɗauki ɗaya? Zaɓe irin wannan ya fi kama da aikin mai niyya. A unguwanni masu cunkoso da kududdufai kamar na cikin ganuwa, hanyar ƙwayar a buɗe take. Ashe ba yaron aka sha ba, shi ne ya sha.

An sami rigakafin Salk a 1955, na Sabin wanda ake ɗigawa a baki ya biyo baya. Har yanzu jama'a na ce masa allura, ko da yake ɗigo ne. Kada dai a ɗora wa Inna laifin da ba nata ba. Sa'ad da Jihar Kano ta dakatar da rigakafin a 2003, dalilin da aka bayar zargi ne cewa an sa maganin hana haihuwa a ciki, ba zancen bori ba, aka kuwa koma yi a watan Yuli na 2004 da maganin da aka sayo daga Indonesiya. Amma tsohon sunan ya rage wa iyaye ganin amfanin ɗigon, gama ba a yi wa aljani rigakafi. Elisha Renne ta yi bayanin wannan a littafinta na 2010 bisa bincikenta a Zariya.

Yaro na ƙarshe da ƙwayar ta asali ta shanye a Jihar Kano an same shi a Sumaila a 2014, a 2020 kuwa aka shaida cewa nahiyar Afirka ta rabu da ita. Ma'aikatan lafiya ba su yar da sunan ba; a rediyo da takardun sanarwa shan inna suke cewa, da ƙaramin baƙi, sau da yawa kuma su haɗa shi da foliyo a jimla ɗaya.