Idan Rami Ya Rufta Da Mutum

'Yan'uwa manoma, da an gama girbi samarinmu na Roni, Kazaure, Ɓaɓura da Gwiwa sukan tafi cin rani. Waɗansu ramukan zinariya suke nufa, waɗansu kuma haƙar rijiya suke yi a gida. Ya kamata mu san haɗarin wannan aiki.

Ran 7 ga Nuwamba 2021 ramin zinariya ya rufta a Garin Liman, ƙasar Ɗan Isa ta jihar Maraɗi. Aƙalla mutum 18 suka rasu.

Rami yakan kashe mutum ta hanya biyu. Ta fari, ruftawa. Ƙasa mai yashi, ko wadda ta sha ruwa, ba ta iya riƙe kanta sai an tokare ta. Ta biyu, muguwar iska. Akwai iska mai nauyi da kan kwanta a gindin rami, ba a ganinta, ba ta wari. Hayaƙin injin jan ruwa ma kisa yake yi. Saboda haka kafin a shiga rijiya a zura fitila tana ci. In ta mutu, kada kowa ya sauka. Amma ramin kwal, irin na Inugu, ba a kai masa wuta, gama iskarsa takan fashe.

To, in abin ya auku fa? A shekarar 2010 rami ya rufe mutum 33 a ƙasar Chile, zurfin wajen mita 700. Masu ceto suka fara huda ƙaramar kafa. Bayan kwana 17 suka same su da rai, suka riƙa zura musu abinci da ruwa. Sai da aka cika kwana 69 aka fito da su duka.

Ba mu da injunansu, amma muna iya bin tsarinsu:

1. A janye jama'a daga bakin rami, nauyinsu yakan ƙara rufta shi.
2. A yi shiru a saurara, a san inda mutumin yake.
3. A fara buɗe masa hanyar numfashi.
4. A riƙa tokare gefe ana haƙa.
5. Mai sauka ya ɗaura igiya a jiki, ƙarfafa suna riƙe da ita. Wanda ya faɗa da gaggawa yakan zama gawa ta biyu.

Muna shawartar kowace ƙungiya ta ajiye doguwar igiya, shebur da katako tun kafin rani. A tattauna wannan a taro mai zuwa.