Bashin gina gida: lissafin da ba ya fitowa a takardar banki

Bayan sallar isha'i Yayana ya shigo da wata takarda a naɗe cikin aljihun jallabiyarsa. Ya zauna bakin angarib, ya miƙo min ita ya ce, "Ustaz, kai ne mai koyar da lissafi, duba min wannan. Dubu 800 ne a wata. Ina ganin shago zai iya."

Na san abin da ya kai shi banki. Tun da Madani ta faɗi a Disambar 2023 gidanmu na Mai Wurno ya cika. Ƙanwarmu ta zo da 'ya'yanta biyar, daga baya matar kawunmu ta biyo. An ƙwato Madani a Janairun 2025, wasu sun koma, amma ƙanwar tamu ta tarar babu abin komawa. Ɗakunan jalus ɗin da mahaifinmu ya bari kuwa kowace damina sai ta ci wani abu a jikinsu. Yaya yana son ya gina ɗaki uku na jan bulo da rufin kwano a filin da muka gada a cikin garin Sinnar.

Takardar ta wani banki ce, kuma rubutun hannu ne na ma'aikacin da ya yi masa bayani. Zan daidaita alƙaluman kaɗan don lissafi ya fito fili: kayan gini na fam miliyan 24, ribar banki kashi 20 cikin ɗari a shekara, biya cikin shekara 5. Kafin mu ci gaba sai da muka daidaita baki, domin a kasuwa har yau mutane na ƙirga da tsohon kuɗi, a ce "miliyan" ana nufin dubu, a ce "miliyar" ana nufin miliyan. Wanda zai sa hannu a takarda ya ƙirga sifiri da yatsa, kada ya dogara da abin da kunnensa ya ji.

Na ce, "Yaya, gaba ɗaya nawa za ka biya?"

Ya ce, "Ai ban tambaya ba."

Ba shi kaɗai ba ne. Mafi yawanmu tambaya ɗaya muke zuwa da ita banki: nawa ne a wata? Ma'aikaci kuma abin da aka tambaye shi yake amsawa.

Halal ne, amma nawa ne?

Kakanninmu da suka biyo Muhammadu Bello Mai Wurno, ɗan Sarkin Musulmi Attahiru, bayan yaƙin Burmi na 1903, da laka da gayya suka gina gidajensu a bakin Nilu. Ba su san banki ba. Mu kuma mun tashi a ƙasar da bankunanta ba sa ambaton kuɗin ruwa. An kafa Bankin Faisal na Musulunci a 1977, a 1984 kuma gwamnatin Numairi ta umarci bankuna su koma tsarin Musulunci. Saboda haka mutum yakan shiga banki hankalinsa kwance: tunda ba kuɗin ruwa, ba abin tsoro.

Nan ne kuskuren yake. Halaccin ciniki abu ne daban, tsadarsa abu ne daban. Rago ma halal ne, amma ba wanda zai saya bai ji kuɗinsa ba.

Abin da aka yi wa Yaya tayi shi ne murabaha. Banki zai sayi siminti da rodi da kwano, su zama mallakarsa, sa'an nan ya sayar masa da su bashi a farashin da ya fi wanda ya sayo. Ƙarin nan shi suke kira hamish. Akwai kuma muƙawala, inda banki ke ɗaukar ɗan kwangila ya yi ginin, kai ka riƙa biya. Akwai musharaka mai raguwa, inda kai da banki kuke tarayya a gidan, kana biyan hayar kasonsa kana kuma saye shi kaɗan-kaɗan. Ba kowane lokaci ake samun kowanne ba. A 2014 Babban Bankin Sudan ya taɓa hana bankuna ba da kuɗin gidaje da motoci, kuma ƙa'idojin suna sauyawa daga shekara zuwa shekara.

Lissafin a bayan littafin ɗalibi

Na jawo wani tsohon littafin ɗalibi na juya bayansa. Kashi 20 na miliyan 24 shi ne miliyan 4 da dubu 800. Wannan ribar shekara ɗaya ce. Sau 5 ya zama miliyan 24. Ke nan riba ta yi daidai da uwar kuɗi, jimilla miliyan 48. A raba wa wata 60, ga dubu 800 ɗin da aka rubuta masa.

Yaya ya yi shiru. Can ya ce, "To ai gida biyu zan biya."

Sai kuma ya kawo shawarar da na san zai kawo. Ya ce zai koma ya roƙi a tsawaita masa zuwa shekara 10, don nauyin wata ya ragu. Ban tsammanin za su yarda ba, domin a wannan zamani bankuna ba sa son dogon wa'adi, amma na ce mu lissafa.

A shekara 10 riba za ta zama miliyan 48, jimilla miliyan 72, biyan wata dubu 600. A shekara 15 riba miliyan 72, jimilla miliyan 96, biyan wata kimanin dubu 533. A shekara 3 kuwa riba miliyan 14 da dubu 400 ce kawai, jimilla miliyan 38 da dubu 400, amma biyan wata ya haura miliyan ɗaya.

A duba da kyau. Daga shekara 5 zuwa 10, wa'adi ya ninka, amma biyan wata kashi ɗaya cikin huɗu kawai ya ragu. Sauƙin dubu 200 a wata ka saye shi da miliyan 24. Daga 10 zuwa 15 kuma sauƙin bai kai dubu 70 ba, farashinsa dai wata miliyan 24 ɗin ce. Dalili kuwa, rabon uwar kuɗi ne kaɗai ke raguwa idan an ƙara watanni. Ribar tana nan daram, dubu 400 kowane wata, ko shekara nawa aka ɗiba.

Kashi 20 iri biyu ne

Abin da ya fi ɓuya ga mutane shi ne wannan: a kan me ake lissafa kashi 20 ɗin? A takardar Yaya an lissafa shi ne a kan miliyan 24 cur, tun daga watan farko har na ƙarshe. A shekara ta biyar, lokacin da abin da ya rage masa na uwar kuɗi bai kai miliyan 5 ba, ribar da yake biya ta miliyan 24 ce har yanzu.

Akwai wata hanyar, wadda ake lissafa ribar kowane wata a kan abin da ya rage kawai. Da haka aka yi masa, da kashi 20 ɗin nan dai da shekara 5 ɗin nan, biyan wata zai zama kimanin dubu 636, ribar duka kuma miliyan 14 da 'yan kai. Bambancin ya kusa miliyan 10, alhali duka biyun "kashi 20" ake kiransu. In aka juya lissafin, kashi 20 na takardar Yaya daidai yake da kusan kashi 32 a hanya ta biyu.

Ita wannan hanya ta biyu da ita ake sayen gidaje a Amurka da Ingila, kuma 'yan'uwanmu da ke can su sani tana da nata tarkon. Wanda ya karɓi dala dubu 200 da kuɗin ruwa kashi 6 na shekara 30 zai riƙa biyan dala 1,199 a wata. A watan farko dala 1,000 kuɗin ruwa ne, 199 kawai ke rage bashin. Kafin ya gama ya biya sama da dala dubu 431. Musharaka mai raguwa ma, duk da hukuncinta daban ne, siffar lissafinta kusan haka take: a farko mafi yawan abin da kake bayarwa haya ce, domin kason banki ne babba.

Sai na nuna wa Yaya abin da ya fi ba shi mamaki. Idan ya tara miliyan 6 da kansa, ya karɓi kayan miliyan 18 kawai a shekara 5, riba miliyan 18 ce, biyan wata dubu 600. Daidai da abin da yake nema a shekara 10. Amma duk abin da zai fita aljihunsa miliyan 42 ne, a maimakon 72. Kowane fam ɗaya da ka kawo da hannunka ya tsare maka wani fam ɗin.

"Amma kuɗi na mutuwa, Ustaz"

Yaya ɗan kasuwa ne, bai rasa amsa ba. Ya ce, "Ka manta da 2021? Wanda ya ci bashi kafin nan ai kyauta ya samu."

Yana da gaskiya. A Fabrairun 2021 an karya darajar fam daga 55 zuwa 375 a kan dala ɗaya, kuma hauhawar farashi a shekarar ta haura kashi 350 cikin ɗari. Farashin murabaha a daskare yake, ba ya tashi. Wanda ke biyan ƙayyadadden kuɗi a irin wannan lokaci, nauyinsa narkewa yake. Dubu 800 na bana ba za su zama dubu 800 na shekara huɗu masu zuwa ba. Bankuna ma sun san haka, shi ya sa suke ɗaga hamish suke gajarta wa'adi.

Sai dai wannan riba tana zuwa ne ga wanda kuɗin shigarsa ke tashi tare da kasuwa, kuma bai yanke ba. Na tuna masa watannin da aka rufe hanyoyi bayan faɗuwar Sinja a tsakiyar 2024, shagonsa ba kaya ba masu saye. Ni kuma na tuna watannin da albashi bai shigo ba, muna cin abin da gona ta bayar. Hauhawar farashi tana rage nauyin bashi a shekaru. Caki kuwa ranarsa ɗaya ce a wata, kuma bai san an rufe hanya ba.

Caki da fili

Nan muka zo inda maganar ta bar lissafi. Za a nemi Yaya ya sa hannu a takardun caki na watannin gaba. A dokar laifuka ta 1991, sashe na 179, ba da cakin da ya dawo babu kuɗi laifi ne. Duk wanda ya zauna a Sudan ya san kalmar nan da ake faɗa a kan masu caki, "yabƙa li hinis sadad", wato mutum ya zauna a tsare har sai ya biya. Magidanta da yawa sun shiga ta wannan ƙofa ba don sun yi niyyar cin kuɗin kowa ba.

Sa'an nan jingina. Banki ba ya karɓar gidan ƙauye da ba shi da rajista, sai mai shahadat bahas. Filin Sinnar shi kaɗai muke da shi mai wannan takarda, kuma gado ne, mu shida har da Inna. Akwai dokar 1990 da ta ba bankuna ikon sayar da abin da aka jinginar musu bayan sun ba da sanarwa, ba sai an yi doguwar shari'a ba. Na ce, "Yaya, in ka gaza, ba filinka kaɗai zai tafi ba. Har da na marayun da kake son yi wa ɗaki."

Inna tana jin mu daga tsakar gida. Ta ce, "Bashi hanji ne, yana cikin kowa. Amma ubanku bai taɓa cin wanda zai hana shi barci ba."

Abin da za a tambaya

Na rubuta masa tambayoyi a bayan takardar, kuma su nake ba duk wanda ya zo min da irinta. Jimillar kuɗin nawa ce, a rubuce, da alƙalami da kuma kalmomi? Hamish ɗin na shekara ne ko na dukan wa'adin, kuma a kan uwar kuɗi ake lissafa shi ko a kan abin da ya rage? Nawa ne kuɗin da ke wajen wannan jimilla: inshora, kimanta fili, rajistar jingina, lauya, hatimi? In na samu buɗi na biya da wuri, za a rage min wani abu? Wannan ta ƙarshe tana da muhimmanci, domin a murabaha farashin ya riga ya zama bashi a kanka gaba ɗaya, ragi kuma alfarma ce daga banki. Sa'an nan in wata ɗaya ya kuɓuce, kwana nawa ake jira kafin a kai caki?

A tabbatar kuma banki ya sayi kayan da gaske ya mallake su kafin ya sayar. In kuɗi kawai aka zuba maka aka rubuta rasit na siminti da ba a gani ba, sunan murabaha ne kawai ya rage, kuma malamai sun daɗe suna gargaɗi a kai. Ayar da ta fi kowace tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Suratul Baƙara, a kan rubuta bashi take. Wanda aka umarta ya rubuta, ai an umarce shi ya san abin da ke cikin rubutun.

Ma'aunin da nake amfani da shi kuma shi ne: ka ɗauki watan da ya fi kowane muni a shekara biyun da suka wuce, ka ga ko za ka iya biya a cikinsa bayan an ci abinci. In ba za ka iya ba, kuɗin ya fi ƙarfinka.

Yaya bai koma bankin a satin ba. Ya shiga wani sanduk na 'yan kasuwa, irin adashin da muka sani, ya roƙi a ba shi ɗauka ta uku. Mun kuma yarda ba za a ajiye kuɗi a hannu ba, domin jira ma yana da nasa farashin: duk abin da ya shigo a mayar da shi bulo da rodi a take. Bayan an sayar da riɗi ya kai lodin bulo biyu filin. Ɗaki uku sun koma biyu, kuma samarin unguwa sun yi alkawarin gayya ranar tona harsashi.

Rufi ne har yanzu ba mu san ta inda zai fito ba. Kwano na ƙara tsada, damina kuma ba ta jira. Wataƙila a ƙarshe ya koma banki ya karɓi na rufin kaɗai, na shekara ɗaya, in za su yarda da lamuni a maimakon filin. Shekaranjiya ya aiko min da hoton wata sabuwar takarda ta WhatsApp. A ƙasanta ya riga ya yi lissafin jimillar da hannunsa, ya rubuta: "Ustaz, duba ko na yi daidai."